Waɗanda suka taɓa aiki da tsofaffin kaset, ku zo mu ji

Editan Zoo Road: Salamu alaikum. An ba ni aikin haɗa shirin tarihi kan hawan daba, furodusa ya kawo mini kaset ɗin U-matic, wani irin tsohon kaset na bidiyo, a buhu. Ni ko na'urar da ke kunna su ban taɓa gani ba. Wa ya taɓa shiga irin wannan?

Tsohon mai kyamara: Wa alaikumus salam, ɗana. Kada ka yi garaje. Fara leƙa tagar kaset ɗin, in ka ga fari-fari a jikin tef, fumfuna ce. Ka saka shi haka, zai toshe kan na'urar, wani lokaci tef ɗin ya manne ya tsinke. A nemo wanda ya iya gogewa, kuma kunnawar farko ta zama ita ce ta kwafewa zuwa kwamfuta, don ba lallai ya yarda da ta biyu ba. Sannan kada ka gaskata rubutun da ke bayansa. A zamaninmu kaset tsada gare shi, gogewa muke mu ɗora sabon shiri. Sai ka ga an rubuta hawan sallah, a ciki kuwa taron rabon taki ne. Har yau abin yana ci mini rai.

Hajiyar laburare: Gaskiyarka, Baba. Ni da faifan majigi na yi aiki. Ka buɗe gwangwani ka ji tsami ya bugi hancinka, to ya fara ruɓewa, a ware shi tun bai shafi na kusa ba. Amma ban cika yanke ƙauna ba. Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an ɗauka ya ɓata, sai ga shi an gano faifansa, aka gyara a Jamus, aka nuna a bikin finafinan Balin a 2018. Ka tuntuɓi ma'ajiyar finafinai ta ƙasa da ke Jos.

Ɗan Damagaram: Hawan da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956 yana wajen British Pathé, ma'ajiyar tsofaffin finafinan labarai ta Ingila, mu kuma na Nijar sau da yawa sai INA, ma'ajiyar shirye-shiryen rediyo da talabijin ta Faransa. Kallo kyauta ne, sakawa a shiri sai da lasisi. Wani kamfanin Turai da daƙiƙa ya yi mini lissafi, da kuɗin waje, a kan hoton kakanninmu!

Mai haɗa sauti: Tsofaffin hotuna da yawa ba su da sauti, kai za ka ɗora. Na ga inda aka sa wa sarki kalangu yana tafe bisa doki, dattawa suka yi ca. Kakaki da algaita da tambari ake nema. Kuma don Allah a bar hoton a faɗinsa na asali, in an ja shi ya cika allo dawakai kumbura suke.

Editan Zoo Road: Na duba, Baba, uku suna da fari-farin nan. A Kaduna ake samun mai gogewar ko sai Legas?