Finafinan Cali marasa magana: da wanne zan fara wa yara?

Baban Yara: Salamu alaikum jama'a. Yarana sun ga guntun fim ɗin Charlie Chaplin a waya, sun hana ni sakat. Gajeru nake so, waɗanda ba sa cin data.

Kawu Mai Rediyo: Wa'alaikumus salam. Nemi The Pawnshop na 1916. Wani ya kawo agogo jingina, Cali ya gwada shi kamar likita na duba majinyaci, ya buɗe shi da abin buɗe gwangwani, ya tsinke kayan cikinsa kaf, sannan ya zuba wa mai shi tarkacen a hula, ya girgiza kai wai ba za su karɓa ba. Mu masu gyara, wannan wurin har hawaye yake sa mu.

Anti Malama: Kawu, a yi mini afuwa, amma ga yara Buster Keaton ya fi. One Week, 1920. Ango da amarya an ba su gida a cikin akwatuna su harhaɗa da kansu, wanda ya rasa amaryar ya canza lambobin akwatunan. Ƙofa ta koma bene, gida ya karkace, iska ta zo yana juyawa kamar lilo. Shi kuwa Keaton, wato angon, fuskarsa ko gezau, nan daɗin yake. Ba zan faɗi abin da jirgin ƙasa ya yi ba.

Ɗan Auta: Anti, ai kin riga kin faɗa! Ni tambayata, me ya sa suke tafiya da sauri kamar an biyo su?

Kawu Mai Rediyo: Da hannu ake murɗa kyamarar lokacin, ɗana, galibi hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa. Idan aka haska a kan 24, sai kowa ya koma gudu. Wani sa'in kuma da gangan mai ɗauka yake rage murɗawa.

Anti Malama: One A.M. na Cali kam a ajiye shi tukuna, daga farko har ƙarshe a buge yake da giya.

Yaya Direba: Big Business na Laurel da Hardy, 1929. Suna tallan bishiyar Kirsimeti, rigima ta haɗa su da wani maigida: shi yana farfasa musu mota, su suna rushe masa gida, kowa na jiran ɗan'uwansa ya gama kafin ya rama. Minti ashirin ma bai cika ba.

Baban Yara: Allah ya saka da alheri. Na gidan akwatunan nan zan fara saukewa. Na motar sai sun yi barci, kar su gwada a kan tawa.