Kotun Ɓarayin Lokaci

Sarkin Agogo:
Assalamu alaikum. A ƙaddara duniyoyi suna da yawa, kowace da nata tarihin, kuma kotu ɗaya ke hukunta duk wanda ya taɓa lokaci a cikinsu. Ga ƙarar farko:

Na kafa kotu a tsakanin duniyoyi,
Inda ake tuhumar ɓarayin lokaci.
Wanda ake ƙara ya koma can baya,
Ya ceto uwarsa wadda kogi ya ci.
Da ya taɓa jiya sai yau ta wargaje,
Wasu ba a haife su ba, ina adalci?
Ni na yanke a ɗaure shi har abada,
Mai ja da ni ya fito ya yi alƙalanci.

Uwar Baiti:
Sarkin Agogo, zuciyarka dutse ce,
Ɗa ya ga uwa a ruwa ka ce ya tsaya?
A 1957 masanin kimiyya Everett ya kawo zance,
Duniya na rassa, ba ta tsaya a ɗaya.
Wanda ka ce ba a haifa ba yana can,
A wani reshen yana zaune lafiya.
To wa aka kashe, kuma wa ya yi ƙara?
Alƙali marar shaida ya ji kunya.

Ɗan Tauraro:
Allah ya ja zamanin Yaya! Duk wanda ya ce akwai na biyunki a nan son kai ne ya ɗebe shi. Bari in ƙara wa Sarki nauyi:

In taɓa lokaci laifi ne, ya Sarki,
Aika 'yan sandanka sama da rana.
Agogon taurarin GPS na wuce namu
Da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana.
Einstein ya faɗi dalili, gudu da nauyi,
Kafin a sami agogon da zai auna.
A 1971 an hau jirgi da shi an gwada,
Kama matuƙan ka kai su gidan kaso su kwana.

Malam Mai Aruli:
Ɗan Tauraro, yaro, tsaya. Ɗangonka na huɗu ya ninka ɗan'uwansa tsawo, numfashi ya ƙare kafin a kai ƙarshensa. Ka kuma rufe ɗango biyu da "rana", ga ɗangon ƙarshe shi ma yana ɗingishi. Halilu ɗan Ahmad bai tsara aruli, ilimin ma'aunin waƙa, don a cusa masa lissafi ba.

Ɗan Tauraro:
Malam, da girmanka, baitin Yaya ma akwai shekara a ciki ba ka ce uffan ba. Nawa ka gani saboda kai ɗan gidan Sarki ne.

Malam Mai Aruli:
Nata ya hau kari in an rera, naka bai hau ba.

Mai auna taurari bai auna baiti,
Ya san daƙiƙa bai san gaɓa ba.
Koma ka ƙirga ƙafafun waƙarka,
Gurgun doki bai taɓa cin sukuwa ba.

Ɗan Tauraro:
Malam ya zo kotu da ma'aunin ɗango,
Ana batun rai yana ƙirgar wasali.
Kai ne ka daskare a ƙarni na takwas,
A fara da kai in ana neman dalili.

Gimbiyar Alƙalami:
Haba jama'a, an bar wanda ake tuhuma tsaye tun ɗazu. Amma dai gaskiya ɗangon ya karye, Malam bai yi ƙarya ba.

Sarkin Agogo:
Sai yau na dawo. Ɗan Tauraro, tauraronka bai saci komai ba, doka yake bi. Hajiya Uwar Baiti nake wa magana:

Hajiya, da hujjarki zan kama ki,
In rassa ne, to wacce uwa ya ceta?
Tasa tana kabari a reshen farko,
Ya bar 'yan'uwansa suna kukanta.
Ya shiga reshen wani ya ɗauke tasa,
Ɗanta na can, wa zai raba musu ita?
Jinkirta wata mai alfarma an hana,
Suratut Tauba ta yi maganarta.
A 1582 an kwana 4 ga Oktoba,
Aka tashi 15, kalanda Fafaroma Gregory ya gyara ta.
Shi lissafi ya taɓa, bai taɓa rai ba,
Naki ya taɓa ƙaddara ya karkata ta.

Malam Mai Aruli:
Wannan shi ne waƙa! A koya, yara.

Ɗan Tauraro:
Lambobi uku a baiti ɗaya, Malam ya ce a koya. Kowa ya gani.

Uwar Baiti:
Sarki, ka ce uwar ta wani ce, na ji,
To ɗan nata ba shi ne shi ɗin ba?
Jini ɗaya, suna ɗaya, nono ɗaya,
Ba a sace wa kai abin kai ba.
Kira uwar ta tsaya gaban kotunka,
Ka ce ta koma ruwa in ba ka ji tsoro ba.
Hawking ya yi wa matafiyan lokaci biki a 2009,
Ya aika gayyata daga baya, ba wanda ya zo ba.

Na ɗaukaka ƙara, kuma ban yarda Malam ya zauna cikin alƙalan ba.

Malam Mai Aruli:
'Yata, "ba wanda ya zo ba" ba Hausa ba ce, amsa-amo ne ya ja ki. Gyara wannan tukuna, sannan mu yi maganar ɗangon Hawking.