Keken nan mai batir da ake zaga gari da shi, wane suna za mu sa masa?

Jama'a, assalamu alaikum. Yau kwana uku ina fama da jimla ɗaya, na ga gara in kawo ta gaban masu harshe. Na zauna rubuta labarin wani zagaye da muka yi a Basalona, mu tara da jagoranmu, kowa a kan keken nan da Turawa ke kira e-bike, daga bakin teku har saman tudun Montjuic. Ina zuwa kan sunan abin hawan sai alƙalami ya tsaya cak. Na rubuta "keken lantarki", na goge. Na rubuta "keke mai batir", na sake gogewa. Duka biyun gaskiya ne, amma babu wanda ya faɗi abin da ƙafata ta ji ran nan.

Bari in fara bayyana abin, don kada mu raɗa wa jaririn da ba mu gani ba suna.

Keke ne sosai, da fedarsa da sarƙarsa da birkinsa da sirdinsa. Abin da aka ƙara masa uku ne: batir da ake caji, ɗan ƙaramin inji, wani a cibiyar ƙafar baya wani a tsakiya inda fedoji suka haɗu, sai wata na'ura mai lura da takunka. Wata irin na'urar juyawar feda kawai take gani, wata kuwa har nauyin da ka ɗora wa fedar take aunawa, ta faɗa wa injin gwargwadon ƙarfin da zai ƙara maka. Ka taka, ya ƙara. Ka daina takawa, ya yi shiru. Da jagoran ya miƙa min nawa a bakin tashar jiragen ruwa, na ji nauyinsa ya fi na keken da na saba, ya haura kilo ashirin. Amma takun farko da na yi sai na ji kamar wani ya ɗora tafin hannunsa a gadon bayana ya tura ni a hankali, irin turin da ake yi wa yaro ranar da yake koyon keke. Har na waiga. Wannan hannun nake nema wa suna.

Ba ni kaɗai nake ganin muhimmancin bambancin ba, doka ma a kansa ta tsaya. A ƙasashen Tarayyar Turai, idan ƙarfin injin bai wuce wat 250 ba, kuma yana yanke taimako da zarar gudu ya kai kilomita 25 a awa ko mahayi ya daina taka feda, to keke ne, yana bin hanyar kekuna, ba ya bukatar lamba. Wanda ke kaiwa kilomita 45 kuwa an sa shi a sahun ƙananan babura, da dokokinsu. A Amurka jihohi da yawa sun kasa shi aji uku, kuma aji na biyu yana da totur, yana tafiya ko ba ka taka ba. Kenan a ƙarƙashin kalmar nan guda ta Turanci akwai abin hawa biyu masu hali daban. Idan Hausa za ta karɓe shi, ina so ta karɓe shi da idonta a buɗe.

Ga abin da ya hana ni sakin jiki da sunayen da suka fara zuwa baki.

"Keken lantarki" yana da daɗin faɗa, kuma na san shi ne zai fi saurin shiga labarai. Sai dai kalmar keke a wurinmu gida ce mai ɗakuna da yawa. Akwai keken hawa, keken ɗinki, keken guragu, keken rubutu. Ka ce wa tela ka sayi keken lantarki, zai tambaye ka ko yana yin zigzag. "Keke mai batir" da "keke mai caji" sun faɗi abin da yake ci, ba su faɗi abin da yake yi ba, kuma wanda ya ji zai ɗauka zama kawai ake yi a kai kamar babur.

Wani ɗan uwa ya rubuto yanzu cewa a ce "babur mai feda" a huta. Ɗan uwa, na gode, amma a nan ne na fi ƙin yarda. Babur shi ke ɗauke da kai. Wannan kuwa kai ke tafiyar da shi, in ka saki ƙafa a kan tudu tsayawa zai yi. Kuma da babur ne da ba a bar mu mun bi ta hanyar kekunan da ke gefen rairayin Barceloneta ba, inda masu tafiya a ƙasa da yara ke gittawa. Sunan da zai sa mai karatu ya zaci hayaƙi da ƙara ya ɓata labarin tun daga tushe, domin abin da na fi tunawa a wannan zagaye shi ne shiru. Muna tafe ina jin kukan tsuntsayen teku da bugun igiyar ruwa, injin kuwa sai ka kasa kunne kafin ka ji ɗan zuzarsa.

Wata baiwar Allah ta kawo "keken tallafi", wani ya ce "keken agaji". Hajiya, kin matso kusa ƙwarai, ke kika fara kama ma'anar. Abin da ya sa na ja baya shi ne kunnen mutane ya riga ya saba da tallafi a wani wuri. Duk wanda ya ji "keken tallafi" zai ɗauka keke ne da aka raba kyauta. Agaji kuma na wanda ya shiga uku ne, ana agaza wa wanda ya faɗi. Mahayin wannan keke lafiyarsa lau, aikinsa yake yi, ƙari ake masa.

Wani malamin Hausa ya ce a tayar da tsoffin kalmomi, a ce "laulawar lantarki" ko "basukur mai batir", tunda su ba sa rikicewa da keken ɗinki. Allah ya gafarta Malam, hujjar ta yi, kuma ina son laulawa a baki, tana mirginawa kamar abin da take nufi. Zan yi amfani da ita a rubutu idan ina son canza lafazi. Amma ta warware rikicin keke ne kawai, rikicin lantarki yana nan.

To ga abin da ya faɗo min da asuba, ku auna min shi.

Muna da aikatau ɗaya da ya dace da wannan inji kamar don shi aka yi, wato taya. Ku duba yadda muke amfani da shi. Ana taya mutum aiki, a taya shi murna, a taya shi hira, a taya shi addu'a, a taya shi kwana. A cikin waɗannan duka, mai abin ya riga ya fara, kai kuma ka zo ka sa hannu. Ba a taya wanda ya naɗe hannu. Kana iya taimakon wanda yake kwance, kana iya ɗauke wa mutum aiki gaba ɗaya, amma taya sai wanda yake cikin yi. In ya tsaya, tayawa ta ƙare. Wannan shi ne ainihin yadda injin yake aiki, shi ne kuma sharaɗin da dokar Turai ta gindaya, ga shi mu muna da shi a gaɓa biyu tun kaka da kakanni.

Saboda haka nake ba da shawarar taya-ni-taka. Keken taya-ni-taka, jam'i kekunan taya-ni-taka. Ginin ba baƙo ba ne, Hausa ta saba ɗaure jimla guda ta mai da ita suna: taya-ni-muni, bar-ni-da-mugu, ka-ce-na-ce, ci-ma-zaune. Kuma ku faɗe shi da ƙarfi sau uku ku ji, yana da kiɗan feda a cikinsa.

Na ga masu cewa zai rikice da tayar roba, tunda magana ce ta keke. Gaskiya ne a rubuce ɗaya suke. Amma a cikin magana, jimlar da kalmar ta faɗo a ciki ita ke raba su. Haka muke rubuta gari na zama da gari na tuwo iri ɗaya, ba wanda ya taɓa ɓata. Kuma "ni" ɗin da ke tsakiya ya rufe ƙofar rikicin, tayar roba ba ta ɗaukar "ni". Da "keken taya" kawai na ce, da ƙorafinku ya kama ni.

Wani ƙanena a nan ya ce sunan ya yi kama da wasa, ba zai shiga takardar hukuma ba. Ƙanena, na ji ka, kuma ban ce a kori keken lantarki ba. A bar shi ya zama uwa, sunan da ya rufe duka. A ƙarƙashinsa a sami 'ya'ya biyu: taya-ni-taka, wanda sai ka taka, da mai totur, wanda ake murɗawa ya tafi. Wanda ke son lafazin ofis ya ce "keke mai taya taku". Tarihin abin ma haka ya rabu. Tun 1895 wani Ba'amurke, Ogden Bolton, ya yi rajistar keke mai batir da inji a ƙafar baya, kenan sa wa keke lantarki tsohon tunani ne. Abin da ya zo daga baya shi ne injin da ke jin ƙafar mahayi, wanda kamfanin Yamaha ya fitar kasuwa a Japan a 1993. Kusan shekara ɗari tsakani. Abu biyun da shekara ɗari ta raba sun cancanci suna biyu.

Bari in faɗi dalilin da ya sa na nace, domin a birnin gaɓar teku ne wannan tayawar take nuna kanta. Irin waɗannan birane sau da yawa shimfiɗe suke a bakin ruwa, sai tudu ya miƙe a bayansu, kuma a saman tudun ne ake ganin gari duka. Lisbon haka take, San Francisco haka, Marseille haka. Ga kuma iska. Da rana ƙasa tana riga ruwa ɗaukar zafi, iskar da ke kanta ta tashi sama, mai sanyi ta kwararo daga teku ta maye gurbinta, shi ya sa da yamma mai keke a bakin ruwa yake jin kamar ana dafe masa ƙirji. Tudu da iska su ne ke wargaza ayarin masu keke, masu ƙarfi su yi gaba, sauran su sauka suna turawa, jagora ya rasa wanda zai yi wa bayani.

A cikinmu akwai wata dattijuwa da jikanta saurayi. Da muka fara hawan Montjuic na ga ta kai babban yatsa ta danna maɓallin da ke kan keken, ta ƙara matakin taimako zuwa na sama. Jikan ya bar nasa a na ƙasa, yana so ya ji ƙafarsa. Kafaɗa da kafaɗa suka hau, tana taka fedarta a natse, gyalen wuyanta yana kaɗawa, shi kuma gumi na bin ƙeyarsa. Tare suka iso gaban filin wasan da aka yi gasar Olamfik ta 1992, tare suka tsaya jagoran ya nuna mana gaɓar da muka baro, yana bayanin yadda aka gyara ta saboda wannan gasar bayan ta daɗe a hannun masana'antu da layin dogo. Ba ɗaukar ta aka yi aka kai saman ba. Da ƙafarta ta hau, an taya ta ne. Idan na rubuta cewa ta hau da "keke mai batir", na ƙwace mata hawanta.

Sauran kalmomin jimlar ba su ba ni wuya sosai ba, amma ga inda na tsaya. Mutumin da ke gaba jagora ne, ba ɗan rakiya ba. Ɗan rakiya yana bin ka inda ka nufa, jagora shi ya san hanya, shi ke ɗaga hannu a tsaya, shi ya duba birkin kowa da hular kwanonsa kafin a tashi. Tafiyar kuma na kira ta zagaye, tunda inda aka karɓi kekunan nan ake dawo da su. Yawon buɗe ido ya yi faɗi, shi ne dukan tafiyar tun daga barin gida, zagayen awa uku ɗan yanki ne a cikinsa. Malam ya ce "kewaye" ya fi tsufa, na yarda, sai dai kalmar ta kama wani aikin a cikin gida, gara a bar ta can.

Na ga mutum huɗu sun goyi bayan taya-ni-taka, biyu suna kan keken lantarki, Hajiya kuma ta ce ta janye tallafi ta dawo wajenmu amma tana so a gajarce shi zuwa "tayani" a maganar yau da kullum. Wannan bakin mutane ne zai yanke, Hajiya, in ya yi musu tsawo za su datse shi da kansu. Masu zaune a garuruwan da keken ya riga ya yawaita, ina roƙonku ku gwada faɗin sunan ga wanda bai taɓa hawa ba, kada ku yi masa bayani, ku tambaye shi me ya fahimta, ku dawo mana da amsarsa.

Ni dai na koma kan takardata, ga yadda jimlar ta tsaya: "Da la'asar jagora ya shige gaba, muka bi shi mu tara a kan kekunan taya-ni-taka, teku na hannun hagunmu, tudu na jiranmu."