Cefanen wata a Gombe: wane kanti zan riƙe?

Ummu_Sadiq:
Assalamu alaikum ƴan uwa. Wata biyu kenan da aka dawo da maigidana aiki Gombe daga Kano, muna zaune Tumfure. A Kano na saba da Sahad, in shiga sau ɗaya in kwaso komai na wata in fito, to nan kuma na ga akwai manyan kantuna na ƴan gida ɗaya, irin uba ya kafa ƴaƴa na riƙe da rassa, guda biyu nake ta kaiwa da komowa tsakaninsu. Ɗaya ya fi kusa da mu kuma akwai sanyi da tsafta, amma kamar kayansa da ɗan tsada, ɗayan sai na shiga cikin gari kuma kullum cike yake da mutane, sai dai na ga madara da taliya sun fi sauƙi. Maigida ya ce in tsayar da guda ɗaya ya gaji da yawo da ni ranar Asabar. Don Allah waɗanda suka san gari me kuke dubawa kafin ku riƙe kanti?

Hamma_Bolari:
Wa alaikumus salam, barka da zuwa Gombe Hajiya. Gaskiya kar ki wahalar da kanki kan farashi, kusan dukkansu daga Singa ta Kano suke sarowa ko wajen dilolin kamfani, sukarin Dangote ne dai ko na BUA, taliyar Golden Penny ce, madarar Peak ko Dano ce. Bambancin da kike gani yawanci lokacin sari ne, wanda ya cika sito kafin kaya su tashi zai ɗan sassauta na sati biyu uku, in ya ƙare ya sake saro sabo sai ki ga ya wuce ɗayan. Wannan watan wannan ne mai sauƙi, wata mai zuwa wancan. Kuma ki sa kuɗin keke ko mai a lissafi, tun da aka cire tallafi a 2023 zuwa cikin gari daga Tumfure ba kyauta ba ne, kar ki ƙona 2,000 a hanya don ki tsira da 700.

Adda_Pantami:
Ƙanwata ni shawarata daban. Ki duba wa ke zaune a kan kujera. Shi kantin gado in dai mai shi ko ɗansa na cikinsa yana zama a reshen, to ki riƙe shi ko da ya ɗan fi tsada. Na taɓa sayen katan ɗin madarar gwangwani a wani reshe, na zo gida na buɗe na tarar rabi sun kumbura saura kwana kaɗan su lalace, na koma washegari da risit ɗina a hannu yaron kan kanta ya ce shi ba shi da ikon karɓa sai manaja, manaja ya ce sai Alhaji ƙarami, Alhaji ƙarami yana Abuja. Sati guda ina zarya. Ƙarshe wata maƙwabciyata ta ce in je babban shagon na asali inda tsohon yake zama bayan la'asar, wallahi ko minti biyar ban yi ba, ya kalli gwangwani ɗaya ya ce a canja min, har da ban haƙuri, ya kuma ɗaga waya a gabana ya yi wa ɗan nasa faɗa. Suna ɗaya ne a jikin allo amma ba kanti ɗaya ba ne. Tsohon sunansa yake karewa, su kuwa yaran da aka ɗauka aiki albashinsu kawai suke jira, kuma ban ga laifinsu ba tunda in suka karɓi kaya daga kuɗinsu za a cire.

Tun daga nan duk kantin da zan fara hulɗa da shi sai na tambaya a fili, in kaya ya fito da matsala ana karɓa? Yadda suka amsa ya ishe ni.

Abban_Hanifa:
Adda ta faɗi gaskiya. Ƙari a kai, kar ki ce komai sai a kanti. Hatsi dai ki bar maigida ya leƙa Tudun Hatsi, masara, wake, gero, dawa, a nan ake sauke su, ki sayi buhu ko rabi ku huta. Tumatir da tattasai da albasa kuma babbar kasuwa, lokacin rani na Dadin Kowa na shigowa da arha. Wake a leda mai tambari kuɗin leda da na'urar sanyi kike biya, a garin da ake noma shi kuwa ai abin dariya ne. Kanti na sabulu ne da man girki da madara da kayan shayi da famfas.

Ummu_Sadiq:
Na gode sosai. To kaji da kifi na firiza fa? Shi ne abin da ya fi ja na zuwa na kusa da mu.

Adda_Pantami:
Wannan kam ki duba ko suna da sola ko janareta da ke tashi da dare. Ki taɓa ledar, in kika ga ƙanƙara ta taru jajaja a ƙasa to ya narke an sake daskarar da shi, ajiye musu abinsu. Zafin Gombe a watan Maris da Afrilu ba ya wasa da nama. Ni kaza ma gara in sayi mai rai a yanka a fige min a gabana.

Malam_Jekadafari:
Hajiya ki yi haƙuri in sa baki, ni ɗan kasuwa ne ƙarami. Ki riƙe babban kanti, amma kar ki yar da mai shagon layinku. Kun manta farkon 2023 lokacin canjin kuɗi? Tiransifa ta ƙi tafiya, POS ba kuɗi, mutane da miliyan a akawun suna kwana da yunwa, a lokacin babu babban kantin da ya ba wani ko Maggi bashi, mu ne muka buɗe littafi muna rubutawa. Ko Shoprite da girmanta ta tattara ta bar Kano a farkon 2024, mai shagon unguwa yana nan inda yake. Ki riƙa sayen burodi da ƙwai a wajensa ya san fuskar yaranki.

Ummu_Sadiq:
Hhh Malam an kare sana'a, amma na ji. Na tambayi maƙwabciyata yanzu ta ce na cikin garin nan ne tsohon yake zama, na kusa da mu wani ɗan ƙanensa ne ke riƙe da shi kuma ba kullum yake zuwa ba. Asabar zan sa maigida ya kai ni na cikin garin da la'asar in gani da idona, daga nan mu biya Tudun Hatsi. Adda da yamma ana samun masu awo ko sai da safe?