Neman shawara: Baba ya dage sai ya ga beyar a dajinta, ina zan kai shi?

Assalamu alaikum jama'ar gida. Don Allah a sakaya sunana.

Ina zaune a Surrey, gefen Vancouver a Kanada, ni da maigidana da yara. Iyayena za su zo mana daga Bauchi a tsakiyar watan Satumba in Allah ya yarda, za su yi kamar wata guda. Baba tsohon ma'aikacin gandun daji ne, a wannan aikin ya yi ritaya, kuma tun ranar da biza ta fito ba shi da zance sai na beyar ɗin nan mai tozo da ake kira girizli. Ya ce kada in sake in kai shi inda aka killace dabba. Yadda ya saba ganin giwa na yawonta a Yankari, haka yake so ya ga wannan tana kamun kifi da kanta. Na leƙa intanet, kamfanonin da ke kai mutane kallo a gaɓar teku sun yi mini yawa, kowa na yabon nasa, kuɗin kuma ba na wasa ba ne. Ga Baba yana fama da gwiwa, doguwar tafiya ba ta yi masa, hawa bene ma sai a hankali. Mama kuwa ta ce ba da ita ba, kuma in wani abu ya same shi ni za ta riƙe. Wanda ya taɓa zuwa ya taimake ni. Ina ya fi dacewa, lokacin ya yi daidai, kuma akwai haɗari?

Wani ɗan'uwa daga Nanaimo:

Wa alaikumus salam. Yaya, ai Baba ya iya zaɓen lokaci. Daga ƙarshen Agusta zuwa tsakiyar Oktoba ne kifin salmon ke barin teku ya hau koguna don ya zuba ƙwai, su kuma beyar duk su sauko bakin ruwa suna cin na ƙoshi, domin wajen Nuwamba za su shiga rami su kwanta barcin hunturu har kusan Afrilu, ba ci ba sha. Da a watan Mayu ko Yuni ya zo, zai gan su, amma ciyawa za su riƙa ci a bakin gaɓa suna birkice duwatsu in ruwa ya janye.

Abin da ke rikita mutane shi ne, daga tsibirinmu na Vancouver jiragen ke tashi, alhali girizli ba ta zama a tsibirin, baƙar beyar ce muke da ita. Jirgin ruwa ne zai tsallaka da ku ya shiga lungunan tekun da ke tsakanin duwatsu a ɗaya ɓangaren. Mafi sauƙi gare ku shi ne garin Campbell River da ke tsibirin. Ku shiga jirgin fito da motarku a Horseshoe Bay, awa ɗaya da minti 40 kuna Nanaimo, daga nan tuƙin da bai kai awa biyu ba. Daga Campbell River wurare biyu aka fi zuwa: Orford Bay a cikin Bute Inlet, ƙasar mutanen Homalco, da kuma Toba Inlet, ƙasar mutanen Klahoose. Duka biyun 'yan asalin ƙasar ne ke karɓar baƙi su yi musu jagora. Tafiyar ruwa kusan awa biyu ce, in an sauka a shiga ƙaramar bas, ita ke kai mutane rumfunan katako da aka ɗaga sama a bakin kogi. Tafiyar ƙafa ba ta da yawa, amma akwai matakala, a nan gwiwar Baba za ta shigo. Ki buga musu waya ki tambayi tsawon matakalar, kada ki dogara da hoto.

Hajiya daga Calgary:

'Yata, ni dai ina bayan mamanki. A watan Satumba na 2023 girizli ta kashe mata da miji har da karensu a dajin Banff, nan kusa da mu, kuma mutanen da suka san daji ne. Dabbar da ke gudun sama da kilomita 50 a awa, ina dattijo mai ciwon gwiwa ina ita? Ga Grouse Mountain nan a bakin ƙofarku, akwai beyar biyu, Grinder da Coola, marayu ne da aka kawo tun 2001, wurinsu da faɗi da itatuwa da kududdufi. Ki hau da shi a motar igiya ya gani, ya sha shayi, ku dawo gida ku yi la'asar.

Mai tambaya:

Hajiya na gode ƙwarai. Na riga na tura masa hoton Grouse ɗin, tambayarsa ta farko ita ce wa ke ba su abinci. Da na ce ma'aikata, sai ya ce to a kai jikokinsa.

Wata ɗaliba mai karatun ilimin halittu a Victoria:

Allah ya ja kwanan Baba, ya burge ni. Hajiya, abin da ya faru a Banff gaskiya ne kuma abin tausayi ne, sai dai waɗancan bayin Allah sun kafa tanti ne can cikin ƙurmi su kaɗai, da dare abin ya same su. Na gaɓar teku daban yake. Beyar da ke tsaye a kan kogi cike da kifi ba ta da lokacin mutum, kuma ta saba ganin 'yan kallo a wuri ɗaya, suna zuwa suna tafiya ba sa tare mata hanya. Wannan sabo da mutane shi ne ginshiƙin sana'ar gaba ɗaya, shi ya sa jagorori ke da tsanani a kan doka. Ba a sauka daga mota sai jagora ya duba ya ce a sauka. Ba a ware daga cikin jama'a, ba a ɗaga murya, ba a gudu ko me aka gani. Abinci a cikin jirgi ake barinsa. Ki laluba aljihun Baba da kanki kafin ku sauka, kin san dattawanmu da ɗan dabino ko alawa a aljihu. Turare ma ya haƙura da shi ranar, hancin dabbar nan ya fi idonta aiki nesa ba kusa ba. Jagororin na ɗauke da feshin barkono na korar beyar da rediyon da suke magana da juna.

In za ki zaɓi kamfani, ki tambaya ko jagororinsu na da shaidar ƙungiyar Commercial Bear Viewing Association ta lardin British Columbia. Ita ke horar da su.

Tunda Baba mutumin gandun daji ne, ga abin da na san zai ji daɗinsa fiye da hoto. Ki ce ya dubi ƙasa a gindin itatuwan bakin kogi. Zai ga gawar kifi ko'ina, wani an cinye ƙwan da kan kawai an yar da sauran, domin in kifi ya yi yawa beyar wurin mai kitse take zaɓa. Abin da ta ja cikin daji ta bari, mikiya mai farin kai da hankaki da ƙwari su ci nasu, ragowar ya ruɓe ya zama taki. Manyan itatuwan nan da za ku gani, wani ɓangare na abincinsu daga teku ya fito a cikin jikin kifi. Wurin da wari, kada ki ce ban gaya miki ba. Arewa da nan kuma dajin da ake kira Great Bear Rainforest ne, hekta miliyan 6.4, wanda yarjejeniyar 2016 ta hana saran katako a kashi 85 cikin ɗari na itatuwansa. A ƙarshen 2017 gwamnatin lardin ta hana farautar girizli, in ban da haƙƙin 'yan asalin ƙasa. An ƙiyasta akwai kusan 15,000 a lardin. Ya tambayi jagoran yadda aka yi wannan gwagwarmayar, su abin ya shafa kai tsaye.

Kuma kada launi ya ruɗe ku. Akwai baƙar beyar mai ruwan ƙasa, akwai girizli mai duhu. Tozon kafaɗa da dogayen farata ake dubawa.

Wani direban babbar mota daga Burnaby:

Kowa na maganar beyar, ni jirgin nake jiye wa Baba. Iri biyu ne. Akwai buɗaɗɗe na roba mai gudu, wanda ake sa wa mutum wata ƙatuwar rigar ruwa tun daga wuya har idon sawu, akwai kuma rufaffe mai kujeru da na'urar ɗumama ɗaki da banɗaki. Na shiga buɗaɗɗen da wani kamfani da ba zan kira sunansa ba, ba su gaya mana yadda yake dukan igiyar ruwa ba. Wani dattijon Bajamushe da ke gefena, kafin mu isa ya kasa miƙe bayansa, sai da mutum biyu suka kama shi ya fito. Hannuna kuwa ya sandare har na kasa danna waya. Yaya, rufaffe za ki kama, ko da ya fi tsada. Yini guda ake yi, awa takwas zuwa tara, mai alwala da yawan fitsari ba zai iya ba tare da banɗaki ba.

Babbar riga ta zauna a gida. Wando mai kauri, rigar sanyi biyu, ta ruwan sama a kai, hular sanyi, safar hannu, takalmi rufaffe mai kama ƙasa don katakon tashar jirgi da santsi. Maganin jiri akwai Gravol a kowane kantin magani, amma yana sa barci, kuma in Baba na shan na hawan jini ko na wani ciwo ki fara tambayar mai kantin. Abincin rana suna bayarwa, ki ce musu kifi ko na ganye tun lokacin biyan kuɗi, in kin bari sai ranar, abin da aka naɗe shi za a miƙo.

Malam daga Surrey:

Game da salla ba matsala, matafiya ne ku, akwai rangwamen ƙasaru da haɗa azahar da la'asar. Jiragen da sassafe suke tashi su dawo da yamma, sau da yawa za ku riski la'asar a tudu. Abu ɗaya za ki tuna wa Baba, a nan alƙibla ba gabas take ba, arewa ce da ɗan karkata zuwa gabas. Baƙinmu daga gida kusan duk sai sun yi gardama a kan wannan a ranar farko. A bakin kogin kuwa kada ya ce zai koma gefe ya shimfiɗa darduma.

Wani matashi daga Edmonton:

Ku kai shi Alaska kawai a wuce wurin! Brooks Falls a Katmai, inda beyar ke tsayawa a kan gangaren ruwa kifi na tsalle yana faɗa mata a baki.

Ɗan'uwan Nanaimo:

Ƙanena, da wace bizar? Alaska Amurka ce, ta Kanada ba ta shiga da shi. Kuma sai an hau ƙaramin jirgin sama mai sauka a kan ruwa, ga tafiyar ƙafa kafin a kai gangaren, tsallen kifin ma a watan Yuli ya fi yawa. Akwai kyamarar da ke nuna wurin kai tsaye a intanet, wannan a kunna wa Mama tana zaune a falo. Haka Khutzeymateen da ke arewa da Prince Rupert, wadda aka keɓe wa girizli tun 1994. Daga cikin jirgi ake kallo, ba a taka ƙasa, da ta dace da gwiwar Baba sosai, amma lokacinta Mayu zuwa Yuli ne. In matakalar Orford ko Toba ta gagara, ki duba masu tashi daga Telegraph Cove zuwa Glendale Cove a Knight Inlet, su daga cikin kwalekwale mai shimfiɗaɗɗen ciki ake kallo. Sai dai ƙarin tuƙin kusan kilomita 200 ne daga Campbell River.

Wata 'yar'uwa daga Richmond:

Ni ga nawa guzurin. Ki shirya zuciyar Baba, ko da yake shi ya fi mu sanin halin daji: ba alkawari aka yi da dabbar ba. Mu da muka je mun daɗe a rumfar farko ba komai sai ruwan sama da kukan tsuntsayen teku, yara har sun fara ƙunƙuni. A rumfa ta biyu jagorar ta ɗaga hannu kawai, sai ga uwa ta fito daga cikin ciyayi da 'ya'ya biyu a bayanta. Ta shiga ruwa har ƙirji, ta tsoma fuska tana dubawa, ta danne kifi da dungu, ta fito da shi yana fille-fille. 'Ya'yan suka bi ta suna gurnani har ta sakar musu. Muna jin ƙarar ƙashin kifin a bakinsu daga inda muke. Wasu da suka je washegari guda ɗaya suka hango, daga nesa.

Kuɗin yini ɗaya ɗaruruwan daloli ne a kan kowane mutum, masaukan cikin daji da ake kwana kuwa dubbai ne, ba su zama dole ba. Ki tambaye su abu biyu kafin ki biya: in iska ta hana fita suna mayar da kuɗi ko sauya rana, kuma in ba a ga komai ba me suke yi. Ku kama ɗaki na kwana biyu ko uku a Campbell River, ku sa fitar a rana ta farko don a samu ta sauyi. Ki nemi madubin hangen nesa ko aro ne, waya ba ta ɗauko abin kirki.

Mai tambaya:

Allah ya saka wa kowa da alheri. Na karanta wa Baba duka ta waya, ya ce matakala ba ta fi ta masallacin Juma'arsu ba, zai hau. Mun tsaya a kan Campbell River da rufaffen jirgi, ni da shi da maigidana, sati na biyu da zuwansu don ya huta gajiyar hanya. Mama ta ce za ta bi mu har garin amma ƙafarta ba za ta taka jirgi na biyu ba, za ta zauna da yara a masauki. Jirgin fiton nan sai an kama wuri tun da wuri, ko zuwa kawai ake yi?

Ɗan'uwan Nanaimo:

Ki kama wuri a shafin BC Ferries, kamfanin jirgin fiton, zuwa da dawowa, musamman in Juma'a ce ko Lahadi. Ku isa tashar aƙalla minti 30 kafin tashi, in kun makara wurin ya tafi. A wurin karɓar tikiti ki ce kuna da dattijo mai ciwon gwiwa, su sa motarku kusa da lifta.