Inda za a kama sharhin wasan ƙarshe a zangon AM

Mai Tambaya: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Wasan ƙarshe na gasar ƙwallon ƙafa ya ƙarato. Ta yaya ake gano tashar AM da za ta kawo sharhinsa kai tsaye, kuma a kama ta tar ba shuu?

Ɗan Jarida: Wa alaikumus salam. Malam, fara da sanin wanda ya sayi haƙƙin watsa wasan, don ba kowace tasha ke da izini ba. Galibi babbar kafa ce ke saye, ƙananan tashoshi su jona da ita. A Amurka, misali, kafar rediyo ta Westwood One ce ke ɗauko Super Bowl, wato wasan ƙarshe na gasar ƙwallon Amurka, ta rarraba wa gidajen rediyo. Duba shafin mai haƙƙin ko ya fitar da sunayen masu jonawa. In babu, kira sashen wasanni na tashar da ke kusa da kai, ka tambaya: sharhi ne tun daga take wasa har a tashi, ko rahoto ne jefi-jefi? A AM za su sa ko a FM? Gida ɗaya kan raba shirye-shirye tsakanin zangunan biyu.

Injiniya: In sun ba ka lamba, lura da ma'auninta. Matsakaicin zango, wato AM, a Afirka, Turai da Asiya daga 531 ne zuwa 1602 kHz, tazarar 9 tsakanin tasha da tasha. A nahiyar Amurka 530 zuwa 1700 ne, tazarar 10. Rediyo mai allon lambobi da aka saita a 10 zai tsallake 909, ya tsaya a 910, murya ta fito a shaƙe. Nemi maɓallin 9/10 ka sauya, wani lokaci yana cikin gidan batir. In da mita suka faɗa maka, raba 300,000 da ita: mita 500 ita ce 600 kHz, wato inda aka rubuta 60 a fuskar rediyo mai allura.

Mai Tambaya: To Injiniya, in zare eriyar har ƙarshe?

Mai Gyaran Rediyo: Bar ta, ɗan'uwa, wannan ta FM ce da gajeren zango. Eriyar AM tana ciki, wani baƙin sanda ne da aka naɗe da siririyar wayar tagulla, a kwance yake a tsawon akwatin. Akwatin gaba ɗaya za ka riƙa juyawa a hankali a kan tebur. Ya fi kamawa in fuskarsa ko bayansa na kallon inda tashar take, in kuwa gefensa ya saita ta, sai murya ta nutse. Wannan ma dabara ce: tashar da ke shigo maka, juya mata gefen, za ta yi shiru.

Batun shuu kuma, yawancinsa daga cikin ɗakin yake. Cajar waya, ƙwan LED mai araha, inbata, talabijin, duk suna zuba ƙara a wannan zango. Cire rediyon daga wuta ka sa batir, ka matsa bakin taga. Ginin da ya sha rodi yana toshe sigina. Ƙarar tsawa ce kaɗai ba ta da magani.

Direba: Rediyon mota ya fi yawancin na hannu jan AM. A kashe inji, a cire cajar da ke soket. Wasu motocin lantarki dai an cire musu AM baki ɗaya.

Mai Tambaya: Wayar hannu fa?

Ɗan Jarida: Rediyon cikin waya FM ne kawai. Ta intanet kuma, tashoshi da dama kan toshe wasan su sa wani shiri, saboda haƙƙin da suka saya bai kai nan ba. In ma an samu, yakan makara, maƙwabta su yi ihun ƙwallo kai kana jin ana bugun kwana.

Injiniya: Abin da ake mantawa shi ne lokacin wasan. Da rana siginar AM ƙasa take bi, tashar da ke kusa kaɗai za ka ji. Rana na faɗuwa, sai sararin sama ya fara dawo da siginar tashoshi masu nisan ɗaruruwan kilomita. Tashar da ta fita fes da azahar za ta iya riƙa tashi tana faɗuwa da dare, wata ta hau kanta. Saboda haka a gwada tun ana gobe wasa, daidai sa'ar da za a take, a sa alama da biro a kan fuskar rediyon, a nemi tasha ta biyu a ajiye.

Mai Gyaran Rediyo: In har yanzu da rauni, sami kwali mai faɗin santimita 30 kowane gefe, naɗa masa waya mai rufi zagaye kamar 20, haɗa bakunan biyu da kafasita mai juyawa mai awon 365 pF, wato na'urar da ake murɗawa a nemi tasha a tsohon rediyo. Ba a jona shi da komai. Tsayar da shi dab da gefen akwatin, ka murɗa kafasitar har murya ta ɗago.

Direba: A sa sabon batir kuma. Minti 90, hutun 15, ƙarin 30, ga bugun fenariti, abin na iya kusan awa uku. Batir in ya fara sanyi, tasha mai rauni ce ke fara ɓacewa.