Neman sunan hanyar dutse mai numfashi a birnin da ke sararin sama

A cikin labaran almara na ƙasashen Turai da wasannin kwamfuta da aka gina a kansu, ana yawan siffanta wani birni da ba ya bisa ƙasa, yana can tsakanin gizagizai. Mu ƙaddara a tsakiyar irin wannan birni akwai babbar hanya da aka shimfiɗa da dutsen da yake da rai. Dutsen yana da ɗumi a tafin ƙafa, idan ya tsage yakan haɗe da kansa kamar yadda miki yake warkewa, kuma hanyar takan buɗe idan taro ya yi yawa, ta tsuke idan dare ya raba. Da Turanci za a iya ce mata "living stone boulevard", kuma ina ganin lokaci ya yi da marubutanmu za su tsayar da suna guda a kai.

Mu fara da hanyar kanta. Kalmar "boulevard" ta Faransanci ce, su kuma daga harshen mutanen Holan suka aro ta, inda asalinta ke nufin ganuwar tsaro. A shekarar 1670 Sarki Louis na 14 ya sa aka rushe ganuwar arewacin birnin Paris, aka mayar da gurbinta faffaɗar hanya mai jerin itatuwa, sai sunan ganuwar ya koma kan hanyar. Wannan ne ya sa wasu ke ganin badala ta dace, amma duk wanda ya ji badala, ganuwar gari zai tuna, ba inda jama'a ke kai da komowa ba. Titi kuwa yana jawo kwalta da mota da fitilar ba-hannu, abubuwan da ba su da gurbi a irin wannan labari. Turba da tafarki sun fi zama a maganar aƙida da manufa, burtali na shanu ne, kwararo da lungu sun yi ƙunci. Rariya ta yi kusa, sai dai mai karatu da yawa abin tankaɗe zai fara kawowa a ransa. Abin da ya rage, kuma ya cika sharaɗin, shi ne gwadabe: hanya ce mai faɗi wadda kowa ke bi, ga ta da ƙamshin tsufa, kuma ta girmi mota.

Inda aikin yake da wuya shi ne wajen dutsen, domin Turawa suna amfani da lafazin "living stone" ko "living rock" a wurare uku da ba su da alaƙa da juna. Suna kiran dutsen da aka sassaƙa a inda Allah ya ajiye shi, ba tare da an ciro shi ba, da wannan suna, kamar majami'u 11 na garin Lalibela a Habasha waɗanda aka fafe daga cikin dutse. Suna kuma kiran wani ɗan tsiro na hamadar Namibiya da Afirka ta Kudu da shi, saboda ganyensa ya yi kama da tsakuwa. Na uku shi ne namu, wato dutsen almara wanda yake ji, yake motsi. Mai fassarar da bai rarrabe waɗannan ba zai iya sa wa cocin Lalibela numfashi, saboda haka wajibi ne sunan da za mu zaɓa ya tsaya ga ma'ana ta uku kaɗai.

Akwai masu son a ce dutsen tsafi. Ban yarda da wannan ba, domin a wurin Bahaushe dutsen tsafi wuri ne da ake yanka da zuba jini don iskoki, alhali dutsen labarin ba bauta masa ake yi ba, taka shi ake yi. Siddabaru rufa-ido ne, shi kuwa wannan a cikin labarin da gaske yake raye. Rayayyen dutse daidai ne a nahawu, amma rayayye ya fi dacewa da abin da aka san yana iya mutuwa, kamar rayayyen harshe. Hausa ta riga ta ba mu ƙirar da za mu bi a cikin dutse mai aman wuta, don haka dutse mai rai ya zauna a baki ba tare da an yi wa kowa bayani ba. Idan marubuci yana son ya siffanta fuskar hanyar, kalmar daɓe tana nan: wanda ya taɓa ganin mata suna bugun ƙasa da madaɓi, suna yayyafa ruwan makuba har ta yi sulɓi tana ƙyalli, zai gane daɓen dutse mai rai nan take.

Birnin bai da wahala sosai. Iyo na ruwa ne, tashi yana nuna an bar ƙasa ana nufin wani wuri, lilo kuma yana buƙatar igiya. Shawagi shi ne abin da shirwa take yi idan ta buɗe fukafukai ta zauna bisa iska, don haka birni mai shawagi ya wadatar.

Shawarata ita ce a rubuta gwadaben dutse mai rai a karon farko da aka ambace shi cikin labari, daga nan a taƙaita zuwa gwadabe mai rai. Wani zai ce ba a san wanda "mai rai" ke siffantawa ba, gwadaben ko dutsen. A irin wannan labari hanyar da dutsen jiki ɗaya ne, don haka ko ta wane ɓangare mai karatu ya ɗauka bai kauce ba. Ina roƙon masu Hausar Sakkwato da Katsina da Damagaram su faɗa mana ko a wurinsu gwadabe ko rariya ce ta fi ɗaukar wannan ma'ana, kafin a shigar da sunan cikin jerin kalmomin masu fassara.